"Ka Dawo Gobe" Ba Amsa Ba Ce

'Yan'uwa ɗalibai da matasan ma'aikata, mun daɗe muna ɗaukar jinkirin hukumomin ruwa da na lantarki kamar ƙaddara, watau abin da ba shi da magani sai haƙuri. Talaka ya biya kuɗin jawo masa famfo, ya riƙe rasit, ya yi ta zarya har takalminsa ya suɗe, kullum ana ce masa fayil yana wurin oga. Ba a ce masa an ƙi ba, ba a kuwa yi masa ba. Mu dai mun ce wannan shirun ƙi ne, kuma kotu tana da sandar dukansa.

Sandar ita ce umurnin da lauyoyi ke kira mandamus, wanda Babbar Kotu ke bayarwa don tilasta wa hukumar gwamnati ta yi aikin da doka ta ɗora mata. Sharaɗinsa shi ne mutum ya nuna ya nema, an kuma hana shi. Jan ƙafa fiye da kima kuwa ana lasafta shi hani. A 1987 Gani Fawehinmi ya kai har Kotun Ƙoli domin Daraktan Gurfanar da Ƙararraki na Jihar Legas ya ƙi yanke shawara a kan kisan Dele Giwa, kotu ta ce yana da ikon neman wannan umurni. Ashe "ban yanke shawara ba tukuna" ba mafaka ba ce.

Amma ku dubi rashin adalcin. Dokar kare ma'aikatan gwamnati ta ba ɗan ƙasa wata 3 kacal ya shigar da ƙara, wasu hukumomin ma sai an ba su sanarwa a rubuce kafin a kai su kotu. Wanda aka yi ta wa romon baka da "gobe, jibi" yana iya farkawa ya tarar lokacinsa ya ƙare. Agogon doka yana gudu a kan mai nema, mai riƙe da fayil kuwa yana shan shayinsa!

Sha'anin lantarki ya bambanta, tun da aka sayar da kamfanonin rarraba wuta ga 'yan kasuwa a 2013. A nan sai a fara da ofishin ƙorafi na kamfanin, sannan dandalin sauraron koke na hukumar NERC, wadda ƙa'idarta ta 2018 ta ce a saka wa mutum mita cikin kwanakin aiki 10 bayan ya biya.

Saboda haka kada kowa ya ƙara kai buƙatarsa da baki. A rubuta, a sa kwanan wata, a karɓi kwafi mai hatimi. Muna kuma kira ga ƙungiyarmu ta buɗe tebur inda ɗaliban sashen shari'a za su riƙa rubuta wa mutanen unguwannin da ke kewaye da mu waɗannan takardu kyauta, ko da sau ɗaya ne a mako.