Abin da ke Gudana a Ƙarƙashin Gawo



A ɗakin kwananmu na jami'a akwai wani abokinmu da ya kamu da son rubuta ƙagaggun labarai. Makon jiya ya karanto mana babi guda. Wata duniya ce da saiwoyin bishiyoyi suka sarƙe da juna a ƙarƙashin ƙasa, suka nannaɗe wasu duwatsu masu ƙyalli kamar lu'ulu'u. Ganye ya kamo hasken rana, saiwa ta kai wa dutsen, dutsen ya adana, da dare gari ya haskaka ba waya ba janareta. In aka sare bishiya ɗaya, unguwa guda ce za ta kwana a duhu. Ya ce fim ɗin Avatar na shekarar 2009 ne ya ɗarsa masa tunanin.

Mun yaba masa. Amma mu da muka taso a Rimin Gado, garin da ko sunansa da bishiya ya fara, labarin bai yi mana kama da tatsuniya sosai ba. Sai ya tuna mana da gawon da ke tsakiyar gonar kakanmu.

Kun san halin gawo, bishiyar da ba ta bin sahun 'yan'uwanta. Damina ta faɗi, ko'ina ya yi kore shar, shi kuwa sai ya kakkaɓe ganyensa ya tsaya tsirara. Rani ya shigo, sauran sun bushe, lokacin ne zai yi ado, domin saiwarsa ta nitsa can ƙasa inda ruwa yake. Saboda haka ba ya tare wa gero da dawa rana a lokacin da suke buƙatarta, ganyen da ya zubar kuma ya ruɓe ya zama taki. Da rani awaki da tumaki su taru a inuwarsa, su ci 'ya'yansa, su bar kashinsu a wurin. Ku dubi hatsin gindin gawo ku kwatanta da na nesa da shi. Duk manomi ya san bambancin tun kafin wani ya rubuta shi a littafi.

To, a ƙarƙashin ƙasar ne labarin abokinmu ya kusa zama gaskiya. Kashi 78 cikin 100 na iskar da muke shaƙa naitirojin ne, sinadarin da iyayenmu ke saye da tsada a buhun yuriya. Yana ko'ina, amma gero ba zai iya zuƙarsa daga iska ba. Gawo, da wake, da gyaɗa, duk dangi ɗaya ne, kuma suna da baƙi a jikin saiwoyinsu: ƙwayoyin bakteriya da ke zaune cikin wasu 'yan ƙululu. Su ke kamo naitirojin su mayar da shi abin da tsiro zai iya ci. Ladarsu sukari ne, wanda ganye ya haɗa da hasken rana. Ciniki ne sosai, ba kyauta ba. Shi ya sa kakanninmu suke shuka wake tsakanin layin gero.

Akwai kuma wani nau'in funfuna mai zare-zare, siraran da suka fi gashin kai sirantaka nesa ba kusa ba. Zaren yana shiga saiwa, ya miƙe cikin ƙasa zuwa inda saiwar ba za ta kai ba, ya kawo ruwa da sinadarin fosforas, shi ma a biya shi da sukari. Zare ɗaya yakan haɗa tsiro fiye da ɗaya. A 1997 wata masaniya 'yar Kanada, Suzanne Simard, ta wallafa binciken da ya nuna sinadarin kabon yana ƙetarawa daga wata bishiya zuwa wata a dajin ƙasarsu. Daga nan mutane suka ɗauki abin da zafi, har ana cewa bishiyoyi suna hira, suna shayar da 'ya'yansu. Wasu masana sun ce an zuzuta, kuma har yanzu ana muhawara a kan yawan abin da ke ƙetarawa. In kun gamu da irin wannan bidiyo a waya, ku riƙe wannan a zuciya.

Duwatsun fa? Su ma muna da su, a kan rufin masu cajin waya da kan famfunan burtsatse. Farantin sola da silikon ake yinsa, wanda ake tacewa daga farin dutse da yashi, a narka, a bar ƙwayoyinsa su jeru reras kamar na lu'ulu'u, sannan a yanka falle-falle. An ƙera na farko mai amfani a Amurka a 1954. A Janairun 2023 aka buɗe tashar sola mai megawat 10 a Kumbotso. Inda abokinmu ya zarce gaskiya shi ne adanawa: farantin ba ya riƙe wuta, sai da batir. Ganye kuwa yana adana tasa cikin hatsi da itace.

Nan ne matsalar take. Wutar da gawo ya tara shekara da shekaru, ana iya ƙone ta a murhu cikin 'yan makonni. Ranin da ya wuce wani maƙwabcinmu ya sayar wa masu itace gawonsa biyu. Ba za mu zage shi ba, kuɗin jarrabawar 'yarsa ya biya da su, kuma wataƙila wasunku da irin wannan kuɗin kuke zaune a aji. Amma kuɗin itacen sau ɗaya aka karɓa, takin da zai riƙa saye a madadinsu kuwa duk shekara ne.

Maƙwabtanmu na Maradi sun taɓa kaiwa ga gonaki fayau. A farkon shekarun 1980 wani ɗan Ostireliya, Tony Rinaudo, ya lura cewa 'yan tsirran da manoma ke sassabewa kowace shekara toho ne daga kututturan da saiwarsu ke raye. Maimakon dasa sabuwa, sai a zaɓi toho mafi ƙarfi a bar shi, a datse sauran. Da wannan dabara manoman kudancin Nijar suka dawo da bishiyoyi a kan miliyoyin kadada. Ba gandun reno, ba ban ruwa, wuƙa kawai da haƙurin hana akuya.

Ga aikin wannan makon. Ku nemi izinin Baba tukuna, kada a ce mu muka aike ku ɓarna. Ku tono tushen wake ko gyaɗa guda da ya fara fure, a hankali, da ƙasarsa. Ku wanke saiwar a roba, ku nemo ƙululun, ku tsaga ɗaya da reza. In cikinsa ja-ja ne, bakteriyar suna bakin aiki. In fari ne ko kore, ko dai ba su fara ba, ko sun gama. Ku ƙirga ƙululu nawa kuka samu a tushe ɗaya, ku rubuta a littafinku tare da sunan irin waken, sannan ku kwatanta da na abokan ajinku.