Wa ya yi kiɗan? Tambayar da ba ma yi

Serge Gainsbourg, Bafaranshen da aka haifa a Paris a 1928, ya fito a finafinai, ya kuma tsara wa finafinai da yawa kiɗa, ciki har da Le Pacha na 1968. Rayuwarsa ba abin koyi ba ce ga Musulmi, giya da taba sun ci shi, ya mutu a 1991. Amma ga abin da ya tsaya mini a rai: a 1996, shekara biyar bayan an binne shi, aka ba shi kyautar César tare da wasu mutum biyu saboda kiɗan fim ɗin Élisa. Mutum yana kabari, sunansa yana manne da aikinsa.

To mu fa? A nan Tahaggart, duk shagon da ka shiga waƙar fim ɗin Kano ce ke tashi a salula. Tambayi yaro wa ya yi ta, zai ba ka sunan jarumin da ke motsa baki. Mawaƙin, wataƙila a sani. Wanda ya kwana a sutudiyo yana danna fiyano kuwa, ko oho.

Wani zai ce ai tura waƙa kyauta ita ke fito da mutum, ya kawo misalin Mdou Moctar, Ba'abzinen Nijar. Gaskiya ne, a Sakkwato ya ɗauki kundinsa na farko, Anar, a 2008, da salon kiɗan finafinan Hausa, waƙoƙin suka yi ta yawo daga katin salula zuwa wani. Sai dai fa yawon bai cika masa aljihu ba. Sai da Ba'amurken nan Christopher Kirkley ya bi sawu ya nemo mai waƙar, sannan ƙofa ta buɗe, har aka yi fim ɗin Akounak Tedalat Taha Tazoughai a Agadas, ya fito a 2015, Mdou ne jarumi, shi ne kuma mai kiɗa. Mutum nawa ne za a taso daga Amurka a nemo su?

Na san malamai sun yi saɓani kan kiɗa, ban kuma shiga hurumin da ba nawa ba. Wanda ya bari don Allah, madalla. Amma kai da kake saurara safe da yamma, kake cashewa da shi ranar biki, ba ka da hujjar danne haƙƙin wanda ya yi gumi.

Aljeriya tana da hukumar kare haƙƙin masu fasaha, ONDA. 'Yan ƙungiyar Imarhan sun gina sutudiyon Aboogi a cikin garin nan. Samarinmu masu haɗa kiɗa a kwamfuta su je su tambayi yadda ake rajista. Masu tura waƙa a kasuwa kuma, don Allah, ku daina goge sunan mai ita kuna sa lambar shagonku.