Fina-finan Frisbee da Norman: Yaya Ikilisiya Za Ta Tuna da Bayinta?

A shekarar 2023 an fito da fim ɗin Jesus Revolution, wanda ya sake tuna wa duniya farkawar da aka yi a Kaliforniya, Amurka, wajen 1970. Matasa masu dogon gashi, waɗanda suka yi watsi da al'adun iyayensu suka faɗa shan ƙwayoyi, sun tuba da yawa, aka yi musu baftisma a bakin teku. Ɗaya daga cikin masu wa'azinsu shi ne Lonnie Frisbee, wanda ya yi hidima tare da Fasto Chuck Smith a Calvary Chapel.

Akwai abin da fim ɗin bai faɗa ba. Tun 2005 David Di Sabatino ya shirya fim na tarihin gaskiya a kan Frisbee, inda ya nuna cewa mutumin ya yi fama da zunubin jima'i a ɓoye, aurensa ya mutu, ya rasu a 1993 da cutar ƙanjamau, kuma ikilisiyoyin da suka amfana da shi suka riƙa barin sunansa a baya. Daga baya Di Sabatino ya yi wani fim a kan mawaƙi Larry Norman, wanda ya rasu a 2008. Tsofaffin abokan aikinsa sun zarge shi da karya alkawari, iyalinsa kuwa suka musanta.

'Yan'uwa, Littafi Mai Tsarki bai ɓoye faɗuwar Dauda ba (2 Sama'ila 11), bai kuma share sunan Samson daga jerin masu bangaskiya ba (Ibraniyawa 11:32). Ikilisiyar da ta goge laifin bawanta tana koya wa matasa su ɗaukaka mutum. Wadda ta goge mutumin gaba ɗaya tana musun aikin da Allah ya yi ta wurinsa. Sai dai mu tuna, mai shirya fim shi ne ke zaɓen wanda zai yi magana, matacce kuma ba ya kāre kansa. Karin Magana 18:17 ta gargaɗe mu kada mu yanke hukunci da jin gefe ɗaya.

Tambayar tana gabanmu. Matashi mai baiwar waƙa ko wa'azi a majami'arku, wa yake kula da rayuwarsa bayan an tashi sujada? Dattawa su almajirtar da shi yanzu, tun yana da rai.