Namun Dawa Ma Garke Ne: A Yi Farauta da Lissafi

Gabatarwa

Da zarar an kammala girbi, damman gero da dawa sun shiga rumbu, sai hankalin matasan karkara ya koma daji. Daga watan Disamba zuwa Afrilu za ka ga ayarin mafarauta da karnuka da gora da bindigogi, wani lokaci har a cikin mota, sun nufi dawa. Tafiyar kuwa kowace shekara ƙara nisa take yi. Tambayi dattawan ƙauyenku, za su shaida maka cewa a zamanin ƙuruciyarsu ana ganin barewa a bakin gona, gada kuma har bayan gari takan zo. A yau babban ayari yakan yi kwanaki a dawa ya dawo da zomaye da 'yan gafiyoyi.

Ya kai manomi, da kai malamin gona, farauta sana'a ce ta gado, kuma ba muna kira a daina ta ba ne. Abin da muke cewa shi ne namun dawa garke ne kamar na awaki, suna da uwaye da 'ya'ya da iyakar abin da za a iya cira daga cikinsu a shekara. Garin da ya riƙe su da lissafi zai daɗe yana cin nama. Wanda ya ƙi, zai bar wa jikokinsa sunayensu a karin magana kawai.

Dabbobin da ake magana a kansu

A dazuzzukan ciyawa na Nijeriya akwai barewa a can arewa inda ƙasa ke da rairayi, akwai gada da batsiya a cikin saura da ƙananan kurmi, akwai mazo da kwantarafi da mariya da gwambaza a bakin rafi da fadama. Manyansu su ne kanki da gwanki, wanda nauyinsa kan haura kilo 250. Gada kuwa da wuya ta wuce kilo 25.

Akwai abin da ya kamata kowane maharbi ya lura da shi. A jinsin gada da mazo da mariya da kwantarafi da batsiya da gwambaza, namiji ne ke da ƙaho, mace yawanci kanta a sheme yake. A jinsin barewa da kanki da gwanki kuwa, mace da namiji duk suna da ƙaho, sai dai na macen ya fi siranta. Ke nan mai harbi da rana, idan ya natsu, zai iya bambance uwa da namiji kafin ya ɗana kunama.

Lissafin haihuwa

Kai da ke kiwo ka san akuya tana ɗaukar ciki na wata 5, takan haifi tagwaye, kuma idan ta sami kulawa tana iya haihuwa sau 3 a cikin shekara 2. Namun dawa ba haka suke ba. Barewa da mazo suna ɗaukar ciki na kimanin wata 6, kanki wata 8, gwanki wata 9, kuma dukkansu ɗa ɗaya suke haifa a kowane ciki. Macen gwanki ba ta fara haihuwa sai ta kai shekara 2 ko fiye. A cikin shekarun da akuyarka za ta ba ka 'ya'ya 5 ko 6, ita 2 za ta haifa, su ma sai kura da damisa da ƙishirwa sun bari.

Babu makiyayi mai hankali da zai yanka uwayen garkensa masu ciki ya bar bunsuraye. Amma abin da farautar taron dangi ke yi ke nan, domin kare da gora ba su san uwa ba, ba su san ɗa ba. Gada da mazo ba su da lokacin haihuwa guda, a kowane wata ana iya samun mai ciki ko mai goyo. Kanki kuwa yawanci a cikin rani yake haihuwa, daidai lokacin da ayarin farauta ya fi yawa. Duk macen da aka kashe, an kashe har da 'ya'yan da za ta haifa nan da shekaru masu zuwa.

Abubuwan da ke cinye garken

Na farko wuta. Sabon haihuwa a cikin waɗannan dabbobi ba ya bin uwarsa nan take. Takan ɓoye shi a cikin ciyawa na wasu makonni, tana zuwa tana shayar da shi. Wutar da aka cinna a watan Fabrairu ko Maris, lokacin da ciyawa ta bushe ƙayau kuma iska na kaɗawa, a kwance take samunsa. Asarar ba ta tsaya a kansa ba. Wutar tana cinye ciyawar da shanu za su ci, tana ƙone ganye da karan da za su ruɓe su zama taki, tana kashe ƙananan kaɗanya da ɗorawa, wani lokaci ta haɗa da rumbun da ke gona. An ce kowa ya ƙona rumbunsa ya san inda toka ke kuɗi, to wanda ya ƙona dajin gari domin zomo ɗaya fa?

Na biyu tarkon waya da guba. Tarkon da ake yi da wayar birkin babur ba ya zaɓe, kuma sau da yawa dabbar takan ruɓe a ciki kafin mai shi ya zago. Zuba maganin ƙwari a mashaya ya fi wannan muni, domin yana kashe kifi da tsuntsaye da dabbobin gida, namansa kuma haɗari ne ga duk wanda ya ci.

Na uku farautar dare da fitila, inda maharbi ƙyallin ido kawai yake gani ya harba.

A bayan waɗannan akwai ƙarancin dajin kansa. Ƙidayar 1963 ta nuna mutanen Nijeriya miliyan 55 da 'yan kai ne, ta 2006 ta nuna miliyan 140, yanzu kuwa sun haura miliyan 200. Saura ta zama gona, fadama ta zama lambu. Tunda wurin zama ya ragu, dole abin da ake cira ma ya ragu.

Darasi daga wasu ƙasashe

A Amurka akwai wata dabba mai kama da barewa, wadda ƙahon namijinta ke yin rassa, ya faɗi ya sake tsirowa kowace shekara. A wajajen 1900, saboda harbin kasuwa da sare daji, ba su wuce 500,000 ba a duk ƙasar. Sai aka hana sayar da namansu, aka sa lokacin buɗe farauta da na rufewa, aka ƙayyade adadin da mutum zai harba, jihohi da yawa kuma suka hana taɓa mace na tsawon shekaru. A 1937 aka yi dokar da ta juya harajin bindigogin farauta da harsasai zuwa aikin kula da namun dawa. A yau sun kai wajen miliyan 30, kuma mafarauta na harbin kimanin miliyan 6 a shekara ba tare da garken ya ƙare ba. Gaskiya ne tasu takan haifi tagwaye, don haka ta fi tamu saurin farfaɗowa. Wannan dalili ne na mu ƙara taka-tsantsan.

Darasi na biyu a maƙwabta yake. Mariri, wanda da yake yawo a garke daga Nijar zuwa Chadi, a shekarar 2000 aka tabbatar ya ƙare ƙaf a dawa. Sai a 2016 aka ɗauko waɗanda ake kiwo a ƙasar Haɗaɗɗiyar Daular Larabawa, aka kawo su a jirgin sama aka saka a dajin Chadi. Sun hayayyafa, amma dubi irin kuɗi da shekarun da aka kashe. Wane ƙauye ne zai iya ɗauko barewa a jirgi?

Doka kaɗai ba ta isa ba

Dokar namun dawa ta Jihar Arewa ta 1963 ta kasa dabbobi gida-gida, waɗansu an hana taɓa su, waɗansu sai da lasin. Akwai kuma dokar tarayya ta 1985 mai kare dabbobin da ke gab da ƙarewa, wadda aka yi wa gyara a 2016. Farauta haramun ce a gandayen daji irin su Yankari a Bauchi, da Kainji a Neja da Kwara, da Gashaka-Gumti a Taraba da Adamawa. Duk da haka, ko a Yankari, mai faɗin murabba'in kilomita 2,244, wanda aka keɓe tun 1956, an daina ganin raƙumin dawa da barewa da mariya. Rashin tsaro kuma ya hana ma'aikata shiga sassan wasu dazuzzukan. Idan gandu mai masu gadi ya yi irin wannan asara, dajin bayan garinku ba shi da mai tsaronsa sai ku.

Wani zai ce, “In na bari, wani zai harbe.” Gaskiya ne, shi ya sa mutum ɗaya ba zai iya ba, sai gari ya haɗu. Wani kuma zai ce mazo da gada suna cin wake da ganyen rogo. Suna ci, amma shingen ƙaya da gadi a makonnin da amfani ke nuna sun fi araha bisa ƙona daji.

Shawarwari

1. Mai gari da sarkin baka da ardo da malamin gona su zauna kafin kaka su tsayar da ƙa'ida, a sanar da ita a kasuwa.
2. A sa ranar buɗe farauta da ranar rufewa, baƙin ayari kuma su nemi izini kafin su shiga.
3. A hana harbin mace da ƙanana. Dabbar da aka daɗe ba a gani ba, a bar ta gaba ɗaya na wasu shekaru.
4. A keɓe wani yanki mai mashaya da kurmi inda ba a farauta ko kaɗan. Daga nan sauran dajin zai riƙa cika.
5. A hana farauta da wuta da guba da tarkon waya da fitila. In ƙona ciyawa ya zama dole, a yi da wuri, a Oktoba ko Nuwamba tana da sauran ɗanye, bayan an share layin tare wuta.
6. Sarkin baka ya riƙe littafi, a rubuta irin dabbar da aka kashe da jinsinta da wurin. Bayan shekara 3 littafin zai nuna ko garken na ƙaruwa.
7. Kada a fede dabbar da aka tsinta a mace. An tabbatar da ɓullar cutar saifa a Suleja a Yulin 2023, kuma tana kama mutum. A sanar da malamin dabbobi.
8. Malaman gona su koyar da kiwon zomo, mai haihuwa bayan wata 1, da na gyazbi, domin matasa su sami nama da kuɗi a rani.

Kammalawa

Malam manomi, ba ka cinye irin shuka don daɗin tuwon yau, kana ajiye shi domin damina mai zuwa. Uwayen barewa da gada su ne irin shukar daji. Malamin gona kuma, idan ka je taron manoma a wannan kaka, ka sa maganar wuta da farauta a jerin abin da za a tattauna, kusa da maganar taki da iri. Ka gayyaci sarkin baka ya zauna a gaba, domin ya fi kowa sanin abin da ya rage a dajin, kuma shi ne matasa za su saurara.