Fansho na mai suna ne: hattara da aron takarda

Ma'aikacin gwamnati, ko mushen lakwal ne ko malamin asibiti, ana yanke wani abu daga albashinsa kowane wata. Wannan shi ake mayar masa in ya yi ritaya, shi ne fansho. In ya rasu, matansa da marayunsa ke da hakki a ciki. Amma gwamnati ba ta san fuskar kowa ba, suna da ranar haihuwa ta sani. Nan ne rigima take tasowa.

A Urafan da sauran ƙauyukan Tasawa da Mayahi, dattawa da yawa an haife su ba a rubuta ba. Da aka zo ɗaukar yara lakwal, ko aikin soja, sai a ga wa ya wuce shekaru, sai a ba shi takardar ƙanensa. A lokacin ba wanda ya ɗauke shi laifi, dabara ce ta cikin gida. Yaro ya tafi da sunan aro, ya yi aiki shekara talatin da shi. Ran da ya rasu, sai ga mutum biyu da suna ɗaya: guda a kabari, guda a gona yana noman hatsi. Mai sunan na gaske ya ce kuɗi nasa ne, tun da shi takarda ta ambata. Matar mamaci ta ce gumin mijinta ne. Gaskiyarta ce kuwa, amma in aurenta a masallaci kaɗai aka ɗaura, ba a kai shi wurin magajin gari ba, da me za ta nuna? Kafin alƙali ya raba gardama, marayu sun sha yunwa, zumunci kuma ya lalace.

Akwai kuma masu yi da gangan. Tsoho ya mutu, a ɓoye mutuwarsa, wani ya riƙa karɓa da katinsa. Saboda haka ne ake neman ɗan fansho ya kawo takardar shaidar yana raye. Tsofaffi na kukan wahalar tafiya da kuɗin mota, kukansu kuma yana kan hanya, sai dai in ba a yi haka ba, matattu za su fi rayayyu cin kuɗin.

Kada a ce ƙananan mutane ne kaɗai ke wannan. A Najeriya, Abdulrasheed Maina shi aka ɗora bisa kwamitin gyaran harkar fansho, aka ce ya kori ɓarayi. Ashe kura aka ba ajiyar nama. Hukumar EFCC ta kai shi kotu, aka ba da belinsa, ya gudu. A Yamai aka kama shi a ƙarshen 2020, aka mayar da shi Abuja. Ranar 8 ga Nuwamba 2021 babbar kotun tarayya ta ɗaure shi shekara 8 kan kuɗin da suka kai wajen naira biliyan 2. Kotu ta gano ya buɗe ajiya a banki da sunayen ƴan'uwansa na jini. Aron suna dai ne, irin na ƙauye, sai dai nasa ya ci abincin dubban tsofaffi.

A Nijar, CARENI ke riƙe da fanshon ma'aikatan gwamnati, CNSS kuma na ma'aikatan kamfanoni. Kowace takarda take tambaya. Wanda ya san yana aiki da sunan wani, gara ya je gaban alƙali tun yana da rai, tun shaidun da suka san haihuwarsa ba su ƙare ba. Mai mata biyu ko uku ya rubuta auren kowace, don wadda ba a rubuta ba ita ake bari a baya ranar rabo.

Dokar 2019 ta ba da kwana 60 a sanar da haihuwa, aure ko mutuwa, kuma kyauta ne. In kwanakin sun wuce, sai an bi ta kotu da shaidu.