Jinsi ko Nau'i? Matsalar Wata Keɓaɓɓiyar Kalma a Ilmin Rabe-raben Halittu

Daga cikin kalmomin kimiyya da suka daɗe suna ci wa masu fassara tuwo a ƙwarya akwai kalmar nan species, wadda Turawa suka gada daga Latin, suka mai da ita ginshiƙin ilmin rabe-raben halittu. Duk mai sauraron rediyo ko karanta jaridun Hausa ya san yadda ake yi da ita. Yau a ce jinsi, gobe a ce nau'i, jibi a ce iri, wani lokaci ma duka ukun su fito a labari guda alhali abu ɗaya ake nufi. A hira ta yau da kullum wannan ba laifi ba ne, domin kalmomin uku sun daɗe suna aron rigar juna a bakin Bahaushe. Amma a cikin aji, ko a littafin da za a ɗora yaro a kansa, laifi ne babba. Maƙasudin wannan muƙala shi ne ta nuna cewa kalmar nau'i ce ta dace da species, jinsi kuma a bar wa matakin da ke bisanta, watau genus, sa'an nan iri a sauko da shi ƙasa da su duka. Za a kuma ga cewa wannan rabo ba baƙo ba ne a ƙasar Hausa.

Kafin a yi gardama a kan suna, ya kamata a san jaririn da za a raɗa wa. A Latin ma'anar species ta asali ita ce kama ko siffa, watau abin da ido ya gani. Genus kuwa ma'anarta haihuwa ko zuriya. Wanda ya tsai da su a matsayin matakai biyu tabbatattu shi ne Carl Linnaeus, masanin tsirrai na ƙasar Suwidin, wanda ya rayu daga 1707 zuwa 1778. A littafinsa na tsirrai na 1753, da kuma bugu na goma na Systema Naturae na 1758, ya ba kowace halitta suna mai kalma biyu. Ta farko ita ce sunan babban rukunin, ta biyu kuma ita ke ware halittar daga 'yan'uwanta na cikin rukunin, tamkar sunan gida da sunan yanka, sai dai a nan na gidan ne ke gaba. Alal misali, doki shi ne Equus caballus, jaki kuwa Equus asinus. Gidansu ɗaya, amma kowa da ɗakinsa.

To, me ya raba ɗakunan? Ido kaɗai ba ya isa ya yanke hukunci, domin kama da wane ba ta wane. Ma'aunin da ya fi shahara shi ne wanda Ernst Mayr ya bayyana a 1942, cewa halittu suna zama nau'i ɗaya idan suna barbarar juna a yadda suke rayuwa, suna haifar 'ya'ya masu haihuwa, kuma ba sa yin haka da na waje. Bahaushe ba ya bukatar a kai shi ɗakin gwaji kafin ya gane wannan, domin ya san alfadari. Jaki ya hau goɗiya, an samu ɗa mai ƙarfi da juriyar ɗaukar kaya, amma zuriyar daga kansa ta tsaya, sai fa nadiran. Masana sun gano dalili a cikin ƙwayoyin gadon da ake kira kuromosom: doki yana da 64, jaki 62, alfadari kuwa 63, adadin da ba ya rabuwa biyu daidai a lokacin da jiki ke shirya ƙwayoyin haihuwa. Ke nan doki da jaki jinsi ɗaya ne, nau'i biyu. Wanda ya fassara kalmomin biyu da jinsi, ba shi da hanyar faɗin wannan 'yar gajeriyar jimla.

Gaskiya ne ma'aunin Mayr bai game komai ba. Ƙwayoyin bakteriya ba sa barbara, rabewa biyu suke yi. Halittun da suka shuɗe, waɗanda ƙasusuwansu kawai aka tono, babu mai iya gwada su. Tsirrai da yawa kuma suna ƙetare iyaka su haɗu da maƙwabta. Tun a 1859 Charles Darwin ya lura cewa babu wata ma'ana guda da ta gamsar da dukan masana. Amma wannan rigimar masu kimiyya ce, kuma ko kusa ba ta zama hujjar barin kalmar tana yawo a Hausa ba. Abin da iyakarsa ke da wuyar shatawa shi ya fi bukatar suna tsayayye.

Sai a dubi kalmar iri. Manomi ya san gero da maiwa da dauro, ya san gero yana nuna da wuri, maiwa sai ta jira ƙarshen damina, dauro kuma dasa shi ake yi. Sunaye uku ne, aiki uku ne a gona, amma a wurin masanin tsirrai duk nau'i ɗaya ne, wanda aka daɗe ana kira Pennisetum glaucum, wasu masana kuma a yanzu suke kira Cenchrus americanus. Haka kaura da farafara, dukansu dawa ce, Sorghum bicolor. A garke ma haka abin yake: balami da uda da 'yankasa duk tumaki ne masu barbarar juna ba tare da wata tangarɗa ba. Wannan bambanci na cikin gida, wanda mutum ya zaɓa ya raina da hannunsa shekara da shekaru, shi ne Bahaushe ke kira iri. Da wannan kalma yake ajiye abin shuka a rumbu, da ita yake neman ragon barbara, da ita kuma malamin gona yake yi masa tallar sabon iri mai jure fari. Kalmar ta riga ta samu gurbinta, kuma gurbin daidai yake da na kimiyya. Ɗaga ta zuwa matakin species ɓarna ce kawai, domin ranar da aka gaya wa ɗalibi cewa doki da jaki iri biyu ne, balami da uda ma iri biyu ne, an rufe masa ƙofar gane dalilin da ya sa ɗan waɗancan ba ya haihuwa, na waɗannan kuwa yana yi.

Idan aka juya wajen itatuwa sai a ga abin ya sauya fuska. Likitan nan J. M. Dalziel, wanda ya yi aiki a Arewa, ya fitar da littafin sunayen tsirrai na Hausa a 1916, kuma mai duba irin wannan aiki zai lura cewa a itatuwa sunan Hausa sau da yawa yana faɗawa daidai kan nau'i. Ɓaure shi ne Ficus sycomorus, ceɗiya Ficus thonningii, durumi Ficus polita, gamji kuma Ficus platyphylla. Huɗun nan kowanne da sunansa, kowanne da inuwarsa da amfaninsa, amma kalmar farko ta sunayensu na Latin ɗaya ce. Dukansu suna zubar da farin ruwa kamar madara idan aka sare su, kuma furensu a ɓoye yake a cikin abin da ake ɗauka ɗan itacen ne. Hausa ba ta da suna guda da ya tattara su, kuma wannan ba gazawa ba ce, domin mai neman inuwa ko magani ba ruwansa da tattarawa. Sai dai malamin da zai koyar da zumuncin da ke tsakaninsu dole ya samu kalmar da zai kira wannan mataki da ita. A nan ne jinsi ke da aiki.

Ba kuma kullum ne sunan gargajiya yake nuna zumunci na gaskiya ba. Jakin dawa lalle ɗan gidan jaki ne, domin shi ma a cikin jinsin Equus yake. Raƙumin dawa kuwa, irin wanda ya rage a yankin Kure na Jamhuriyar Nijar, ba ɗan gidan raƙumi ba ne, dogon wuya ne kawai ya haɗa su. Kada a yi wa Bahaushe dariya a kan haka, domin sunan dabbar na Latin, Giraffa camelopardalis, shi ma da raƙumi a cikinsa, har da damisa.

Babbar hujjar wannan rabo ba daga Turai ta zo ba, a zaurukan malamai take. Masana falsafa na Girka, tun daga Aristotal, sun yi amfani da kalmomi biyu wajen rarraba abubuwa, ɗaya ta babban rukuni, ɗaya ta abin da ke ƙarƙashinsa. A ƙarni na uku na Miladiyya Furfuriyus ya tsara su a wani ɗan littafin gabatarwa ga ilmin manɗiƙi. Da aka mai da wannan ilmi Larabci, sai aka kira babban rukunin jins, na ƙarƙashinsa nau'. Da aka mai da shi Latin kuwa, sai aka ce genus da species. Watau kalmomin Linnaeus da na malaman manɗiƙi tagwaye ne, uwa ɗaya ta haife su. Sullam, littafin manɗiƙi na Abdurrahman al-Akhdari, malamin nan na ƙarni na goma sha shida wanda kowane almajiri ya san littafinsa na fiƙihu da sunan Ahalari, yana cikin littattafan da ake karantawa a wannan yanki. Wanda ya yi wannan karatu ya san cewa dabba jinsi ce, mutum da doki kuwa nau'o'i ne a ƙarƙashinta. Bambancin kawai shi ne, a manɗiƙi matakan suna motsi, abin da yake jinsi a nan yana iya zama nau'i idan aka dube shi daga sama, Linnaeus kuwa ya kafe su wuri ɗaya. Har yau littattafan kimiyya na Larabci da waɗannan kalmomi biyu suke aiki, kuma a kan wannan jeri. Tun da Hausa ta riga ta ari kalmomin tun da daɗewa, abin mamaki ne a ce mai fassara ya juya su, ya ɗora ƙaramin a kan babban, sa'an nan ɗalibin da ya yi makarantar zaure da ta boko ya rasa wanda zai bi.

Akwai masu suka, kuma sukarsu tana da nauyi. Za su ce jinsi ta riga ta yi kaya da yawa. A nahawu ita ce ke raba namiji da mace, kuma kowane ɗalibin wannan fanni da haka ya san ta. Amsa ita ce keɓaɓɓiyar kalma a fagenta take rayuwa. Gaɓa a ilmin tsarin sauti ba ta hana gaɓa ta jiki zama gaɓa ba, ƙafa a awon waƙa ba ta taɓa rikita mai sayen takalmi ba. Inda matsalar take da gaske shi ne a cikin ilmin halittu kansa, domin a can ma ana maganar namiji da mace, kuma shafi ɗaya yana iya ɗaukar ma'anonin biyu. A irin wannan wuri gara marubuci ya fito fili ya ce namiji ko tamace, kamar yadda Bahaushe ya saba, tun da harshen da ke da bunsuru da akuya, da zakara da kaza, ba kasafai yake neman wata kalma ta tattara su ba.

Wasu kuma za su ce me zai hana a ce dangi a maimakon jinsi, a huta. Abin da zai hana shi ne akwai wani matakin a sama da ke jiran wannan kalma. Zaki da damisa jinsinsu ɗaya, Panthera, kyanwa kuwa nata jinsin daban ne, Felis, amma dukansu uku suna taruwa a rukuni guda mafi faɗi. Idan an kashe dangi a kan zaki da damisa, da me za a kira abin da ya haɗa su da kyanwa?

Wani wurin da ya kamata a yi hattara shi ne maganar ɗan Adam. An saba jin jinsin baƙar fata da jinsin farar fata. A ma'aunin kimiyya dukan mutanen da ke raye a duniya jinsi ɗaya ne, nau'i ɗaya ne, Homo sapiens. A ƙarni na goma sha tara an samu marubuta a Amurka, irin su Josiah Nott da George Gliddon a littafinsu na 1854, da suka yi da'awar cewa asalin mutane daban-daban ne, masu kare bauta kuma suka yi maraba da wannan da'awa. Saboda haka littafin kimiyya na Hausa ba shi da wurin ajiye wancan salon magana. Launin fata ya ishe shi, ko al'umma.

Gwajin da ya fi kowanne sauƙi shi ne a ba mai fassara labarin bagaruwa. Shekaru da dama bagaruwa da dakwara da gawo duk ana lissafa su a cikin Acacia. Bincike ya nuna cewa rukunin ya tara waɗanda ba asalinsu ɗaya ba, sai aka raba shi. Taron masana tsirrai na duniya da aka yi a Biyana a 2005 ya bar wa itatuwan Ostareliya tsohon sunan, taron Melbon na 2011 kuma ya tabbatar da haka, duk da ƙorafin masana da yawa na Afirka. A sabon tsarin bagaruwa ta zama Vachellia nilotica, dakwara mai ba da ƙaro ta zama Senegalia senegal, gawo kuwa tun kafin wannan rigima an ware masa gidansa shi kaɗai, Faidherbia albida. Bagaruwar da majema ke jima da ita ba ta sauya ba, kalmar ƙarshe ta sunanta ma tana nan. Mai bin rabon da aka kawo a nan zai ce an sauya mata jinsi, nau'inta yana nan yadda yake. Mai kiran matakan biyu da kalma ɗaya kuwa sai dai ya rubuta cewa an sauya wa bagaruwa jinsi amma jinsinta bai sauya ba.