Kwamin Da Ke Cika Kansa: A Duba Kafin A Saya

'Yan'uwa makiyaya da fataken shanu, tun ƙarshen 2019 da gwamnatin Benin ta hana garkunan ƙetare shigowa kiwo, aka kuma shiga kiran namu su zauna wuri guda, shayarwa ta dawo gida. Shi ya sa ake ta tallar kwamin da ke cika kansa, har nan Zongon Kwatano wajen masu turken ragunan Layya.

Iri biyu ne. Akwai ɗan kwano wanda sai dabba ta danna da hanci ruwa ya fito. Wannan bai dace da mu ba. Shanunmu tare suke sha, ba su san bin layi ba, mai rauni sai ta kwana da ƙishi. Shawararmu ita ce kwamin siminti mai faɗi, da ƙwallon da ke rufe famfo in ya cika, irin na tankin bayan gida. In ya lalace, kowane mai gyaran famfo zai canza shi. Amma a yi masa murfin ƙarfe, don ƙaho ba ya raga wa roba.

Babbar saniya kan sha lita 40 ranar zafi. To, ranar da aka ɗauke ruwa fa? Wanda bai da tanki a sama, shi zai fara saya tukuna.